Jirgin da ke ratsa zamani: me zan duba kafin in fara rubutu?

Ummu Sadik: Salamu alaikum 'yan zaure. Sabon labari nake son farawa. Wata yarinya ce ta gaji jirgi wajen kakanta, yana kai mutum zamanin da ya wuce ko mai zuwa, yana kuma fita sararin samaniya. Don Allah me zan karanta ko in kalla kafin in fara?

Ɗan Birni: Wa alaikumus salam. Na sama ko na ruwa?

Ummu Sadik: Na ruwa, irin na da mai tafiya da iska.

Baffa: 'Yata, fara da na gida. Nemi Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo, tun 1969 ya fito. Yaro ne aka ɗauka a jirgi aka keta sama da shi. Ki ga yadda aka faɗi abin da Hausa kafin a haifi yawancinku.

Ɗan Birni: Sai kuma Doctor Who na BBC, tun Nuwamba 1963 aka fara shi. Jirginsa daga waje ɗan akwatin kiran 'yan sanda ne shuɗi, amma cikinsa ya fi gida girma. Kada ki ce sai kin kalle shi duka, jikokinki ne za su ƙarasa.

Anti Mai Atamfa: Ƙanwata, ni ba littafi zan ba ki ba, roƙo zan yi. Ki zauna ki rubuta dokokin jirginki a takarda kafin shafin farko. Bara na biya kuɗi na shiga wani zauren littafi, ba zan kama suna ba. Farkonsa kamar ka lashe kunne. Jarumar ta samu agogon da ke mayar da ita baya, ta koma ta hana auren uwarta da azzalumin ubanta. Muka yi ta tafi. Sai wata ta tambaya: to idan ba a yi auren ba, ita wa ya haife ta? Marubuciyar ta cire ta daga zauren. Daga nan fa abu ya lalace. Duk wanda ya mutu sai a koma jiya a dawo da shi, har mutuwa ta daina ba kowa tsoro. Mugun ya mutu sau uku! A babi ɗaya an ce agogon sau ɗaya yake aiki a shekara, a na gaba ta yi amfani da shi don ta manta tukunya a wuta. Ƙarshe marubuciyar ta ce ba ta da lafiya, ta rufe zauren, ba littafi ba kuɗi. Ki yanke tun yanzu: ana iya canza abin da ya wuce, ko kallo kawai ake yi? Kuma kowace tafiya ta ci wa yarinyar wani abu, ko shekarunta ko tunaninta. Jirgin da ake hawa kyauta shi ke kashe labari.

Maman Biyu: Anti na san littafin nan, nima ta ci kuɗina 😭

Admin: Ba a kama suna.

Injiniya: Ƙari kan na Anti. Abin da ya sa dole jirgin ya iya tafiyar sarari shi ne duniya ba a tsaye take ba. Tana zagaya rana da gudun kusan kilomita 30 a daƙiƙa. Idan yarinyar ta koma wata shida baya ba tare da ta matsa ba, duniya tana can ɗaya ɓangaren rana, ita kuma tana reto a fili babu iska. Ki sa wannan a babin farko, ki ga yadda masu karatu za su gyara zama.

Ɗan Birni: Injiniya ya zo da lissafinsa, a tashi.

Injiniya: Ban gama ba. Zuwa gaba kam kimiyya ta yarda da shi. Duk wanda ya yi gudu kusa da na haske, kusan kilomita 300,000 a daƙiƙa, lokacinsa yana tafiya a hankali. A kashi 87 cikin ɗari na gudun, shekara ɗaya a jirgi biyu ce a gida. A 1971 an ɗora agogunan atom, masu auna lokaci daidai ƙwarai, a jiragen fasinja suka zagaya duniya, aka ga bambancin. Komawa baya ne babu wanda ya nuna hanyarsa.

Baffa: Ashabul Kahfi ma shekara 309 suka yi, suka farka suna zaton yini ne ko wani sashensa. Kuɗin hannunsu na tsohon zamani ne.

Malama Zee: Baffa wannan ikon Allah ne, kada a haɗa da labarin jirgi. Ni batun canza abin da ya wuce ma bai kwanta mini ba, ƙaddara fa?

Baffa: Ban haɗa ba, Malama. Batun kuɗin nake nuna mata.

Maman Biyu: Ni dai a sauke ni lokacin da buhun shinkafa bai kai dubu goma ba, in cika jirgin in dawo.

Ɗan Birni: Da wane kuɗin? Sabbin takardun naira za ki miƙa musu?

Baffa: Ka ga abin da nake faɗa. Idan ta sauka Kasuwar Kurmi a 1851, shekarar da Barth, Baturen Jamus mai yawon bincike, ya shigo Kano, wuri ake kashewa. Kada in ga an sa wa miya magi, ko an ji kukan jirgin ƙasa, wannan sai 1911.

Bakatsine: Me ya sa kullum Kano? Ta sauka gindin Gobarau mana.

Ɗan Birni: Jirgin ruwa a Katsina? A wane kogin?

Bakatsine: Ku naku a Jakara zai tsaya ko?

Ummu Sadik: Na gode duka. Amma littafin Dembo, a ina zan samu?

Maman Biyu: Anti duba inbox, ina son mu yi maganar matar nan.

Bakatsine: Ɗan Birni ina jiran amsa.