Ƙugi daga ƙafar gaba: boris ne ko taya, kuma yaya ake canza hob?

Mai Corolla:

Assalamu alaikum masu sana'a. Corolla ce ƙirar 2006, ta ci kilomita kusan 190,000. Tana wani ƙugi daga gaba, kamar jirgin sama na wucewa can nesa. Ba a jinsa sai gudu ya kai 50, daga nan yana ta ƙaruwa. Ko an saki totur, ko an mayar da giya firi, yana nan yadda yake. In aka karya sitiyari hagu a doguwar kwana sai ya ƙaru, in aka karya dama ya lafa. An ɗaga motar an jijjiga tayoyin gaba duka biyu, babu wadda ta motsa. Yaya za a tabbatar boris ne kafin a kwance ƙafar? In shi ne, boris kaɗai za a canza ko har da hob, wato ƙarfen da ake ɗaura taya a kansa? Kuma dole ne a canza gefe biyun tare?

Mai Gyaran Ƙafa:

Wa alaikumus salam, Malam. Tunda ƙarar na bin gudun mota ba ta bin juyin inji, ka cire inji daga lissafi. Saura taya, boris, birki da shaf, wato sandar da ke kai juyi daga giya zuwa taya. Joyin ɗin shaf na waje in ya mutu ba ƙugi yake yi ba, ƙas-ƙas-ƙas yake yi lokacin da ka karya sitiyari har ƙarshe kana taka totur. Birki kuwa ƙararsa takan sauya da zarar ka ɗora ƙafa a kansa. Abin da ka faɗa ya fi kama da boris.

Rashin motsi da aka ji a jijjiga bai wanke shi ba. Boris ɗin waɗannan motoci layi biyu na 'ya'ya gare shi, a rufe yake, kuma notin shaf ya matse shi. Yakan yi wata da watanni yana kuka tun kafin ya fara lilo. In har ka ji taya na ƙwal-ƙwal a hannunka, to ya riga ya yi nisa.

Ga yadda za ka kama shi. Ɗaga gaban motar duka, a tokare ta da ƙarfen tokara, giya firi. Kama sifirin ɗin shokazoba da hannu ɗaya, wani ya juya tayar da ƙarfi. Lafiyayyen boris ba za ka ji komai a sifirin ba. Wanda ya ci kuwa za ka ji wani gurzo-gurzo a tafin hannunka, kamar ana niƙa tsakuwa a ciki. Gwada ɗaya gefen ka kwatanta, bambancin ba ya ɓuya. In takalman birki na gogar faifai suna ruɗa ka, ɗan tura su baya da sukudireba tukuna.

Sai jijjiga, amma a yi ta daidai. Hannu ɗaya a saman taya, ɗaya a ƙasa, ka ja ka tura. In akwai motsi, wani ya danne birki ka sake. Motsin ya ɓace, boris ne, don birki ya haɗe faifai da gidan boris. Motsin yana nan, duba bol-joyin na ƙasa, wato gaɓar da ta haɗa gidan boris da hannun ƙasa. Wanda kuma ake ji sai an kama taya ta gefe da gefe, yawanci tayarod ne, wato sandar da sitiyari ke karya taya da ita. Mai agogon awo zai iya ɗora shi a fuskar hob: Toyota ba ta yarda motsin ciki da waje ya wuce milimita 0.05 ba.

Maganar kwana: in ka karya hagu, nauyin mota na komawa dama. Ƙara ta ƙaru a lokacin, to na dama ake zargi.

Mai Alaimen:

Oga ya faɗi gaskiya, amma wannan ƙa'ida ta hagu da dama kar a sayi kaya a kanta. Saboda layi biyun nan, kwana ɗaya tana danna layin ciki a wannan ƙafa, ta danna layin waje a waccan. In layin da ya lalace shi ne wanda ke shan matsi lokacin da ƙafar take cikin kwana, sai ƙarar ta nuna maka gefen da ba shi ba. Kuma ƙugin boris ɗin baya yakan bi bodi ya fito kamar daga gaba. Gwajin sifirin shi ne alƙali, a yi shi a ƙafa huɗun.

Sannan kar a raina taya. Shafa tafin hannunka a kan ƙirar taya, gaba da baya. In ka ji tudu da kwari, ko gefen ƙirar ya yi kaifi ta fuska ɗaya kamar haƙoran zarto, wannan taya za ta yi ƙugin da ko tsohon bakanike zai rantse boris ne. Mataccen shokazoba da karkataccen alaimen ke jawo irin wannan ci. Mayar da na gaba baya, na baya gaba, ka hau titi. Ƙara ta bi taya, an gama magana. Wata alama kuma: ƙugin taya na sauya murya in ka tashi daga kwalta mai santsi zuwa mai kaushi, na boris kuwa bai san wannan ba.

Mai Corolla:

Na gode ƙwarai. An sauya tayoyin, ƙarar ba ta gusa ba. Sifirin ɗin gaba na dama ne ke gurzo, sauran ukun shiru. Yanzu sai bayanin canjin.

Tsohon Hannu:

To madalla, an san inda ciwon yake. A wannan mota ƙafar gaba boris ɗin dannawa ne: ana danna shi cikin nokul, wato gidan boris, zoben ƙarfe mai tsalle ya tare shi, sannan a danna hob cikinsa. Ba irin na baya ba ne mai zuwa a haɗe. Saboda haka kana buƙatar injin danni, wanda muke ce wa fires, na tan 12 zuwa 20 ya wadatar. Kayan da za ka tanada: boris, sabon zoben tarewa, sabon notin shaf, da sabon fin na tayarod. Hob ɗin kansa sai an fitar an duba.

Fara da notin shaf. Soket mai lamba 30 yake ci, mai kusurwa 12. Bakinsa a lotse yake cikin wani tsagi a kan shaf, kuma dole ka ɗago wannan lotsawar da siririn kurfi kafin ka juya shi. Wanda ya sa ƙarfi haka kawai, notin zai tafi da zaren shaf ɗin, aikin boris ya koma na shaf. Wani ya danne birki, ka sassauta shi da dogon hannu.

Ɗaga mota, tokare ta, cire taya. Kwance kalifar birki, wato abin da ke matse takalman birki a kan faifai, tare da mazauninta, kusoshi biyu ne ta baya, ka rataye ta da waya a jikin sifirin. Kar a bar ta tana reto a kan tiyon man birki. Faifai in ya kafe, akwai ramuka biyu masu zare a fuskarsa, ɗaura kusa M8 a ciki za ta turo shi. Cire sensar ABS, wato tsarin da ke hana taya kafewa in an taka birki, tun yanzu, a hankali, don tsatsa na riƙe ta kuma roba ce, ba ta jure murɗa. Sai tayarod, sai bol-joyin daga hannun ƙasa. Kafin ka taɓa manyan kusoshi biyun da suka haɗa nokul da shokazoba, zana alama da fenti yadda suke zaune.

Tura shaf ya fita ta bayan hob. In ya ƙi, mayar da tsohon noti daidai bakinsa ka buga da gudumar tagulla ko ta roba, ban da gudumar ƙarfe a kan zare tsirara. Da ya fita ka ɗaure shi sama. In ka bar shi ya rataya ko ka finciko shi, joyin ɗin ciki zai zare.

A kan benci, bayan ka kwance nokul daga mota: cire zoben tarewa, danna hob ya fita. Kusan kullum rabin zoben ciki na boris zai fito manne da wuyan hob. In akwai fula, wato ƙarfen janyo boris, mai kama siririn baki, ja shi da ita. In babu, yanka shi a karkace da giranda, kar ka kai ƙasa, ka sa kurfi a tsagin ka buga sau ɗaya ko biyu, zai tsage ya zame. Sa tabarau, ƙarfen nan tarwatsewa yake kamar gilashi. Yanzu ne za ka san amsar tambayarka ta hob. Dubi wuyansa. In ya yi shuɗi-shuɗi na zafi, ko ya yi gurbi inda zoben ya riƙa juyawa a kansa, ko sabon boris na shiga da hannu ba tare da danni ba, ko giranda ta cije shi, sai sabo. In sumul yake, mayar da abinka.

Fitar da sauran boris ɗin daga nokul, wanke ramin, goge tsatsa, musamman tsagin da zoben tarewa ke zama, ka shafa mai kaɗan.

Nan ne ake kashe sabon boris tun bai taka ƙasa ba, don haka a kula. Ƙarfin danni bai kamata ya ratsa ta cikin 'ya'yan boris ba ko sau ɗaya. Lokacin shigar da shi nokul, abin da za ka danna da shi ya zauna a kan zoben waje kaɗai; tsohon zoben waje da aka ɗan rage masa kauri da giranda yana wannan aiki sosai. Da ya zauna sai sabon zoben tarewa ya shiga tsaginsa. Lokacin shigar da hob kuma, a tokare zoben ciki ta ƙasa da soket ko bututu daidai faɗinsa. In ka tokare nokul maimakonsa, hob zai ture rabin zoben ciki ya fita, sil, wato robar da ke rufe giris ɗin boris, ya yage. In kuma ka danna ta zoben da ba shi ba, ko ka sa guduma, kowane ɗan boris zai bar ɗan gurbi a hanyarsa. Ido ba ya gani, a hannu ma lafiya lau zai juya, amma bayan 'yan makonni ƙugin zai dawo a ce kayan ne jabu. Kar ka manta da farantin kare ƙura na bayan faifai: kafin hob yake shiga, in ka manta shi sai an sake fitar da hob, wato an kashe boris.

Mayar da komai yadda ka kwance, bisa alamar fentinka. Goge fuskar hob tas kafin faifai ya hau, ɗan ɓarɓashin tsatsa a nan ya isa ya sa birki rawa. Notin shaf 216 Nm (awon ƙarfin ɗauri) ne a wannan mota, da sifana mai awo, wani na danne da birki, sannan ka lotsa bakinsa cikin tsagi. Notocin taya 103 Nm. Taka birki sau da yawa har ya yi tauri kafin ka motsa, daga nan a kai ta alaimen.

Mai Gyaran Ƙafa:

Baba ya gama magana, ƙari kawai zan yi a kan notin nan, don mutane na ɗaukarsa kamar aikinsa riƙe shaf ne kurum. Shi ne ke haɗe rabi biyu na zoben ciki, ya ba boris matsin da aka ƙera shi da shi. Ya yi sako-sako, rabin biyun su buɗe, taya ta fara lilo. Shi ya sa ba a sauke mota a kan tayarta, balle a tura ta, alhali noti bai ɗauru ba. Bindigar iska kuma ta kwancewa ce, ba a ƙarasa ɗauri da ita, don ba ka san inda ta tsaya ba kuma bugunta na shiga boris. Kowace mota da awonta: Civic da yawa 181 Nm ne, wasu Golf kuma kusa ce maimakon noti, ana ɗaure ta zuwa awo sannan a ƙara juyi na wasu digiri, kuma ba a maimaita ta.

Ga masu karantawa da wata mota daban: a Corollar Malam haƙoran da sensar ABS ke karantawa suna jikin shaf. A motoci da yawa na baya-bayan nan kuwa maganaɗisu ne a cikin sil ɗin boris, fuska ɗaya kawai. Kusanto da ƙaramin kilif na takarda, fuskar da ta kama shi ita ke kallon sensa. Aka juya ta, fitilar ABS za ta kama, kuma babu gyara sai wani boris ɗin. Kar a ajiye wannan fuska kusa da wani maganaɗisu ko kan benci mai garin ƙarfe.

In ƙafar baya ce a wannan Corolla, aikin bai kai rabin wannan ba. Hob da boris a haɗe suke, kusoshi huɗu ke riƙe da su. Cire ganga ko faifai, zare wayar sensa, kwance huɗun, goge mazaunin, ɗaura sabo a gicciye. Wahalarsa ɗaya ce, tsatsa kan manne shi sai an sha bugu, kuma tsohon ake bugu, sabon da hannu yake zama.

Mai Corolla:

Allah ya saka da alheri. Saura maganar gefe biyu. Kuma za a iya ci gaba da hawa kafin a samu lokacin aikin?

Mai Alaimen:

Boris ba kamar takalmin birki ko shokazoba ba ne da ake canzawa biyu-biyu. Na hagu tunda shiru yake kuma ba ya motsi, ƙyale shi. Abin da ke kashe su yawanci na gefe ɗaya ne: faɗawa rami, dukan gefen titi, ko ruwa da ya shiga ta sil ya wanke giris. Wili mai fitowa waje fiye da na asali da lodi fiye da kima su ne ke cin biyun tare, in akwai su a gyara.

Hawa kuwa, tunda kuka kawai yake bai fara lilo ba, gajeriyar tafiya a hankali ta 'yan kwanaki za ta yiwu, ban da doguwar hanya da gudu. Bayan kowace tafiya kusanto da bayan hannunka tsakiyar wilin dama, ka kwatanta da na hagu. In na dama ya fi zafi sosai, ko ƙugi ya koma gurzo, ko fitilar ABS ta kama, ko birki ya fara nutsewa a takun farko saboda faifai na lilo yana tura fistin baya, a ajiye motar, a ɗauko ta zuwa wurin aiki.