Muhawara: idan tsada ta kai wuya, hatsi za a ba talaka ko kuɗi?

Mai kula da zaure: Assalamu alaikum. Maganar da Alhaji ya jefo jiya za mu tattauna, cewa tun da aka cire tallafin mai rabon kuɗi ga talakawa ɓarnar dukiya ce, gara a raba hatsi. Alhaji ya fara. A kawo hujja, a bar zancen jam'iyya a waje.

Alhaji, dillalin hatsi a Funtuwa: Wa alaikumus salam. Ina nan a kan bakana, ga lissafi. Gida mai mutum 7, in an ware wa kowa giram 400 na hatsi a rana, kusan abin da masu aikin agaji ke lissafawa, kilo 2.8 ke nan, tiya guda da ɗoriya kullum. Buhu mai kilo 100 tiya 40 ne. Mu ƙaddara buhun gero ya kai naira 80,000 a tsakiyar damina, tiya ta zama 2,000. Naira 25,000 ɗin da gwamnatin tarayya ta sanar a Oktoban 2023, cewa za a ba gidaje miliyan 15 har wata uku, tiya 12 da rabi za ta saya. Cin kwana 11. Ba kuɗin niƙa, ba mai, ba itace, ba daddawa. In farashi ya ƙara tashi kafin kuɗin su shigo, kwanakin su ragu. Shi kuwa buhu, yadda aka auna shi a kaka haka zai fito a damina, tsada ba ta rage mashi ko ƙwara.

Dakta, mai nazarin tattalin arziki: Alhaji, ranka ya daɗe, lissafinka daidai ne, har zan ƙara maka hujja. Naira 5,000 da aka fara biya a wata a zamanin Buhari, lokacin dala tana kusan naira 305 a hukumance, dala 16 ce. Naira 25,000 a farkon 2024, dala tana wajen 1,500, ita ma dala 16 ce da 'yan kai. An ninka lambar sau biyar, ƙarfin sayenta yana inda yake. Ga man fetur ya tashi daga ƙasa da naira 200 kafin 29 ga Mayun 2023 zuwa sama da 1,000 a ƙarshen 2024, hauhawar farashin abinci ta haura kashi 40 cikin ɗari a tsakiyar 2024. Amma abin da wannan ya nuna shi ne kuɗin sun yi kaɗan kuma an daskarar da su wuri guda. To a auna hatsin da ma'aunin da ka auna kuɗin. A Yulin 2024 an sanar da tirela 20 ta shinkafa ga kowace jiha, kowace tirela buhu 1,200 mai kilo 25. Buhu 24,000. Katsina tana da mazaɓu 361. Kowace mazaɓa buhu 66, ko da ba a taɓa ko ɗaya a hanya ba. Buhun kuma cin kwana 9 ne a gidan da ka kwatanta.

Alhaji: Wannan ƙarancin yawa ne, Dakta, irin amsar da ka ba ni.

Dakta: Ƙwarai. Bambancin yana wajen abin da ke zubewa tsakanin baitulmali da tukunya. Hatsi sai an saye shi ta hannun ɗan kwangila, an biya mota, lodi, saukale, sito, mai gadi, sannan a sake ɗauka zuwa ƙaramar hukuma, zuwa mazaɓa. Kowane zango akwai hannu. An ga kayan tallafin korona jibge a rumbuna har jama'a suka fasa su a Oktoban 2020. An ga turmutsitsin rabon abinci a Ibadan, Okija da Abuja a Disambar 2024, sama da mutum 60 suka rasu, da yawansu yara. Allah ya ji ƙansu.

Hajiya, shugabar ƙungiyar mata a Daura: Amin. Alhaji, Allah ya ƙara girma, akwai abin da ba ya cikin lissafinka. Shinkafar da ake rabawa, da yawa kasuwa take komawa a ranar, a karye farashi, domin uwargida ta san kuɗin tiya ɗaya ta shinkafa ya fi sayen tiya ɗaya ta gero ko dawa, kuma ga yaro kwance yana buƙatar magani da kuɗin mota. Wanda ya sayar cikin gaggawa shi ke asara. Da kuɗi aka ba ta tun farko, da ba ta yi wannan asarar ba.

Amma Dakta, kai ma kada ka ɗauka kuɗi na isa hannu cif. Ga inda suke maƙalewa. Sunan da ke kan NIN dabam, na asusun banki dabam, wani lokaci harafi ɗaya ne ko an juya sunan uba da na miji, sai biyan ya dawo. Layin waya da sunan maigida ko ɗa aka yi rajistarsa, saƙon shigar kuɗi can zai je. Asusun da aka buɗe aka bari ba motsi, banki ya rufe shi. Tsohuwa ba ta iya danna lambar sirri, sai ta faɗa wa mai POS, ta karɓi abin da ya miƙo. Ga cajin cirewa, ga kuɗin babur zuwa garin da ke da sabis. Kowa ya tuna farkon 2023 da aka canza fasalin naira, mutum da kuɗinsa a asusu sai ya sayi takardar kuɗi da tsada. A Satumbar 2021 kuma an katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13 na jihar Katsina saboda tsaro. A irin wannan hali tallafin waya bai da hanyar isa.

Tsohon jami'in raya karkara: Hajiya ta taɓo wurin. Ni a ganina kuna gardama a kan kaya, alhali matsalar tana ga jerin sunayen. Yadda aka tsara Rajistar Talakawa ta Ƙasa shi ne: a zaɓi ƙananan hukumomi da garuruwa bisa taswirar talauci, a tara jama'a kashi-kashi, maza, mata, matasa, kowane kashi ya faɗi abin da yake kira talauci a garinsu ya lissafa gidaje, a haɗa jerin a karanta a bainar jama'a, sannan ma'aikata su bi gida-gida da na'ura su ɗauki bayani: ɗaki nawa, rufin me, akwai dabba, yara nawa ke makaranta. Tsarin bai da laifi. Laifin shi ne hoto ne na rana ɗaya. Matsin tattalin arziki kuwa sababbin matalauta yake haifarwa: ɗan acaɓa da mai ya cinye ribarsa, tela, mai ƙaramin albashi, ɗan fito a Jibiya da Kwangwalam da aka rufe iyakar Nijar bayan juyin mulkin Yulin 2023 har zuwa Maris na 2024, manomin Batsari ko Faskari da ya baro gonarsa ya dawo cikin Katsina. Ba ɗayansu a jerin da aka rubuta shekaru kafin nan. Sai aka zo tantancewa da NIN ana tsakiyar wahala, aka kuma dakatar da shirye-shiryen tallafin a Janairun 2024 saboda binciken kuɗaɗe. Har cikin 2025 gidajen da suka ga ko biya ɗaya ba su kai rabin miliyan 15 ɗin ba. Ba a fafe gora ranar tafiya. A arewacin Kenya, yankunan Turkana, Marsabit, Mandera da Wajir, an yi wa gidaje rajista an buɗe masu asusu tun ana zaune lafiya, har waɗanda ba sa karɓar komai a kullum. In hoton tauraron ɗan'adam ya nuna ciyawa ta bushe ta wuce wani mataki, sai a tura masu kuɗi. Ba zaman kwamiti, ba sabon jeri.

Malam, na kwamitin zakka: Allah ya saka da alheri. Ku ba ni dama in ƙara abin da duk kuka tsallake, wato lokaci. Talaka ba ya faɗuwa rana ɗaya, mataki-mataki ne. Ya fara rage tuwo daga sau uku zuwa biyu. Ya sayar da kaji, sannan akuyar matarsa. Ya bar gonarsa ba noma ya tafi ƙwadago a gonar wani, nasa amfanin ya ragu. Ya ci bashin da za a biya da hatsi a kaka, lokacin da buhu ya fi araha. Daga nan jinginar gona, daga nan sayarwa. Tallafin da ya zo kafin a sayar da akuya ya ceci gida. Wanda ya zo bayan an jinginar da gona ya ciyar da su mako biyu, shi ke nan. Watannin Yuni, Yuli da Agusta su ne mahaɗa, rumbu ya ƙare, sabon gero bai nuna ba.

Zakkar hatsi tana da ƙa'ida bayyananniya: nisabi wusƙi 5, kimanin kilo 650, a fitar da kashi ɗaya cikin goma in ruwan sama ya shayar, ɗaya cikin ashirin in da wahalar ban ruwa. Amma a kaka take fita, kuma shekarar da aka fi buƙata ita ce shekarar da masu kai nisabi suka fi ƙaranci. Haka adashi da taimakon dangi: suna ɗaukar gida ɗaya da ya shiga uku, ba sa ɗaukar gari gaba ɗaya.

Jami'ar lafiya: Allah gafarta Malam, wannan jinkirin a hannun yara ake ganinsa. Ana auna damtsen yaro ɗan wata 6 zuwa shekara 5: ƙasa da santimita 11.5 tamowa ce mai tsanani, 11.5 zuwa 12.5 matsakaiciya. Ƙungiyar likitoci ta MSF ta ce yara 652 suka rasu a cibiyoyinta na Katsina cikin wata shidan farko na 2025, a daidai lokacin da aka zaftare tallafin ƙasashen waje. Ina roƙon Alhaji da Dakta su lura: ba buhun masara ba, ba naira 25,000 ba, babu wanda zai warkar da yaron da ya kai wannan mataki. Sai abincin tamowa na leda, mai ƙarfin kalori 500 kowace ɗaya, kullum har makonni. Inda yunwa ta yi yawa a gida, ledar nan rabawa ake yi da yayyensa, wani lokaci a sayar, yaron ya koma baya. Shi ya sa gidan da ke da mai tamowa dole a haɗa mashi da tallafin abinci ko kuɗi. Kunun gero zalla ba ya hana ta. Sai an sa ƙuli-ƙuli ko waken suya, da ɗan mai, da zogale.

Alhaji: To ku saurara, don ni ban ce a yi ta jefa wa mutane buhu daga kan tirela ba. A Nijar hukumar OPVN tana sayen hatsi ta adana, damina ta yi ta fito da shi a sayar da rangwame. Suna kuma da tsarin da manoma ke zuba hatsinsu a sito mai kwaɗo biyu, makulli ɗaya wurin ƙungiya ɗaya wurin mai ba da rance, su karɓi wani kaso na darajarsa, su biya kafin damina su kwashi kayansu lokacin da ya yi tsada. Abin da nake nufi ke nan. A saya a Dandume, Bakori da Funtuwa daga Nuwamba zuwa Janairu. A busar har danshi ya sauka ƙasa da kashi 13 cikin ɗari, in ba haka ba masara ta yi fumfuna. A zuba a buhu mai leda biyu a ciki, a ɗaure kowace dabam, ƙwaro ya mutu ba tare da magani ba. A ɗora kan katako, nesa da bango. Ga ma rumbun gwamnati a Dutsin-ma. Sannan Dakta, ka amsa mani wannan: ƙauyen da hanyarsa ba ta biyuwa, 'yan kasuwa biyu ko uku ke kai kaya, ka zuba wa gida 500 kuɗi rana ɗaya. Me zai sami farashin tiya?

Dakta: Zai tashi, kuma a irin wannan wuri hatsi ya fi. A nan na bi ka. Ana iya gane wurin da tambaya uku kafin a yanke: masu sayarwa nawa ne, kwana nawa suke ɗauka su sake cika shago, kuma nawa tiya ta ɗara farashin Funtuwa bayan an cire kuɗin mota. Amma Katsina, Daura, Malumfashi, Funtuwa, kasuwa na ci, kuɗi sun fi sauri da arha. Sharaɗin shi ne a ɗaure su da farashin hatsi. Habasha ta koyi wannan. Shirinta na 2005 yana ba mutum aikin kwana 5 a wata, ladan kowace rana kilo 3 na hatsi ko kuɗinsa. Da tsadar 2008 ta zo, ladan kuɗin ya kasa sayen kilo ukun, jama'a suka koma neman a biya su da hatsi. Don haka a rubuta tallafi da tiya: tiya 15 a wata, misali, a biya kuɗinta bisa farashin watan. Game da sayarwa da rangwame kuwa ina da ja. Indonesiya ta fara shi a rikicin 1998, shinkafar ta riƙa zubewa a hanya, a ƙauyuka ana raba ta daidai ga mai hali da marar hali, har daga 2017 suka fara maye gurbinta da katin sayen abinci. In kuma aka saki hatsi kusa da kaka, manomi aka kashe. An ga yadda masara ta faɗi a 2025 bayan an sassauta harajin shigo da abinci, taki kuwa bai sauko ba.

Alhaji: Wa zai faɗi farashin watan? In ofis ne, a takarda tiya ba za ta taɓa tashi ba.

Tsohon jami'i: A ɗauka daga kasuwa uku a ranar cinsu, a fitar da matsakaici, a karanta a rediyo kafin ranar biya. Abin da ya fi wannan wuya shi ne kasafi. Tallafin da ke bin farashi yana kumbura daidai lokacin da gwamnati ke kukan kuɗi, sai an ware mashi asusu tun shekarar da aka samu sauƙi, da doka mai hana taɓa shi.

Hajiya: In za a yi, a sa asusun da layin da sunan matar gidan. Gidan da ke da mata biyu ko uku kuma a lissafa kowace tukunya dabam, domin rajistar da ta ɗauke su gida ɗaya kaso ɗaya take bayarwa, a raba wa mutum 15. Kuma biyan farko ya shiga a watan Mayu, kafin shuka, ko da na sauran watannin zai ragu.

Alhaji: Mayu na yarda. Tiya 15 kuwa kusan rabin cin gidan mutum 7 ne a wata, Dakta. Ka sake lissafi ka kawo mana gobe, da na gida mai mutum 15 da Hajiya ta ambata.