Mene ne aikin SUG, kuma ta wace ƙofa ake shigar da koke?

Sabon_Shiga:
Assalamu alaikum yayyena. Ina aji ɗaya a wata jami'a a nan cikin Kano. A takardar rajista na ga har da kuɗin ƙungiyar ɗalibai, wato SUG. Me SUG take yi da su? Kuma in ruwa ya ɗauke a hostel, ko sakamakon jarrabawa bai fito ba, wajenta ake zuwa ko wani ofishi daban?

Na_Kabuga:
Wa'alaikumus salam ƙanena. Ƙungiyar ba shugaba kaɗai ba ce. Akwai majalisar zartarwa: shugaba, mataimaki, sakatare, ma'aji, sakataren kuɗi, daraktan walwala, na wasanni da jami'in hulɗa da jama'a. Sai majalisar wakilai, wadda a Jami'ar Bayero (BUK) ake ce wa SRA, ƙarƙashin kakakinta. A yawancin jami'o'i makaranta ce ke karɓar kuɗin tare da na rajista. Zartarwa ta tsara kasafi, wakilai su tantance su amince, sannan ofishin Shugaban Harkokin Ɗalibai, wato Din, ya sa hannu a fitar. In ka ji an tsallake wakilai, to a nan ɓarna take farawa.

Batun ruwa, fara da shugaban hostel ɗinku da jami'in da ke kula da ginin. Ku gano dalilin tukuna: injin rijiyar burtsatse ne ya ƙone, wuta ce babu, ko bututu ne ya fashe? Takardar da ta ce "babu ruwa" kawai, kwana take yi a tire. Ku rubuta sunan bulok, ranar da ruwan ya tsaya, yawan ɗakunan da abin ya shafa, da sa hannun mazauna da lambobin rajistarsu. Daraktan walwala ya kai ofishin Din kwafi biyu, a buga wa ɗaya hatimin karɓa da kwanan wata ya dawo da ita. Da wannan kwafin ake bin sawu a sashen gyare-gyare. Surutun WhatsApp ba ya shiga fayil. Kuma kada ku rubuta wa shugaban jami'a kai tsaye, Din ɗin dai za a mayar wa takardar, kun yi asarar mako guda.

Yaya_Ta_Tsangaya:
Ƙanena, sakamako kam ba hurumin SUG ba ne, kada wani ɗan takara ya ruɗe ka. Ka je wajen malamin da ke kula da ajinku, shi zai haɗa ka da jami'in jarrabawa na sashe. Ka rubuta takarda zuwa ga shugaban sashe, ka liƙa kwafin fom ɗin rajistar kwasa-kwasai da katin jarrabawa. Za a duba takardar da kuka sa wa hannu a ɗakin jarrabawa. Mafi yawa kuskuren lambar rajista ne a kan takardar amsa, ko kwas ɗin ba a yi masa rajista ba, ko makin gwaji bai shiga ba. Ka yi da wuri, domin gyara bayan Majalisar Dattawan jami'a ta amince da sakamako doguwar hanya ce. In dukan aji abin ya shafa, wakilin aji da ƙungiyar ɗaliban sashe sun fi SUG kusa.

Malam_Tsohon_Hannu:
Na yarda da su, amma a faɗa wa yaron nan gaskiya: SUG ba ta yanke hukunci, roƙo take yi da matsa lamba. Hukumar jami'a na iya dakatar da ita ta naɗa kwamitin riƙo. Ko a matakin ƙasa an taɓa yi. A 1978, bayan zanga-zangar "Ali Must Go" kan ƙarin kobo 50 a kuɗin abincin ɗalibai na kowace rana, gwamnatin soja ta haramta ƙungiyar ɗalibai ta ƙasa, NUNS, sai a 1980 NANS ta maye gurbinta.

Inda take da amfani sosai shi ne abubuwan yau da gobe: kuɗin mota, irin zirga-zirgar da ɗaliban BUK ke yi tsakanin tsohon matsuguni da sabon da ke titin Gwarzo, farashin abinci da na hoton takardu a shagunan cikin makaranta, neman a tsawaita wa'adin rajista, da wayar da kai kan bashin karatu na NELFUND da aka fara a 2024. Tallafin karatu na jiha kuwa, NAKSS ta ɗaliban Kano ce ta fi bibiyarsa.

Abin da ke karya ta: wa'adin shekarar karatu ɗaya ne, kuɗi kan fito a makare, sai a ƙarar da rabinsu a makon shagali da riguna. Ka nemi kundin tsarin mulkin ƙungiyar, ka san wakilinka, ka tambaye shi ko kwamitin binciken kuɗi ya gabatar da rahoto kafin a miƙa mulki.

Sabon_Shiga:
Na gode, Allah ya saka da alheri. Kundin a ofishin Din zan samu ko wajen kakaki?

Na_Kabuga:
Fara da akawun majalisar wakilai, shi ke ajiye takardu. Ka tafi da katin shaidarka.