Muhawara: A sauko da mutanen Sukur daga kan dutse, ko a bar su inda suke?

Alhaji na Kwari: Assalamu alaikum jama'a. Jiya yarona ya nuna min hotunan wani ƙauye a Adamawa mai suna Sukur, can ƙaramar hukumar Madagali, a kan duwatsun Mandara dab da iyakar Kamaru. 'Yan gidaje a tsakanin duwatsu, ba titin mota, sai dai ka taka sayyadarka. Ni ra'ayina shi ne gwamnati ta sauko da irin waɗannan ƙauyuka ƙasa, ta yanka musu filaye a bakin titi. Tsoron masu kamen bayi ne ya hau da kakanninsu can, bauta kuwa ta ƙare tuni. Su nawa ne ma duka? Ba za a fasa dutse a kai asibiti saboda gida ashirin ba.

Ɗan Madagali: Wa alaikumus salam Alhaji. Gida ashirin? Allah ya huci zuciyarka, amma wanda ya ɗauki hoton nan lungu ɗaya ya ɗauka. Sukur unguwanni ne a warwatse a kan tudu, kowane dangi da nasu gefen, ga kuma waɗanda ke zaune a gindin dutsen. Mu can muna cewa Sukur Sama da Sukur Ƙasa. Dubbai ne, ba ɗaruruwa ba.

Alhaji na Kwari: To ɗana, kawo lissafi. Dubu nawa?

Malamin Labarin Ƙasa: Alhaji, wannan tambayar taka ita ce ciwon. Ƙidayar ƙarshe da aka yi a ƙasar nan ta 2006 ce, wadda ta ba Najeriya mutum miliyan 140 da ɗoriya, Kano miliyan 9.4. Alƙaluman da jama'a ke amfani da su daga cikinta na jiha ne da na ƙaramar hukuma. Kuma ba a tambayi kowa ƙabilarsa ko addininsa ba, da gangan aka cire, don gudun rigima. Wadda aka shirya yi a 2023 an ɗage ta. Saboda haka duk ƙaramar ƙabila a ƙasar nan a duhu take a takardar gwamnati, ta narke cikin jimillar ƙaramar hukumarta. Mu da ke Kano ba ma jin zafin wannan, domin ko an ƙirga mu ko ba a ƙirga ba, ana ganinmu a Kurmi da Sabon Gari da rumfar zaɓe. Ƙauyen da ke kan dutse kuwa, in takarda ba ta ambace shi ba, mai rabon rijiyar burtsatse ba zai tuna da shi ba.

Sai batun cewa dutse ba ya riƙe mutane. Abin da masana suka gani a Mandara akasin haka ne. A ɓangaren Kamaru, ƙasar ƙabilar Mafa, akwai wuraren da ake samun fiye da mutum 100 a murabba'in kilomita ɗaya, a kan dutse zalla. A karkarar Afirka wannan cunkoso ne sosai. Filayen da ke ƙasa da su a da ba su kai haka cika ba.

Alhaji na Kwari: Allah ya gafarta Malam, ai ka ƙara min hujja. Tsoro ne ya cusa su wuri guda. Ba ka ji labarin Hamman Yaji ba?

Ɗalibin BUK: Alhaji yana da gaskiya a nan. Hamman Yaji, wanda ya mulki Madagali, ya bar littafin da yake sa a rubuta masa al'amuransa na yau da kullum daga 1912 zuwa 1927. A ciki akwai hare-haren da yake tura mutanensa kan ƙauyukan dutse, da adadin bayi da shanun da aka kwaso, kuma sunan Sukur yana ciki. Turawan Ingila ne suka tsige shi a 1927. Abin ya faru, ba ƙage ba ne.

Ɗan Madagali: Yayana, ba wanda ya musa. Har yau tsofaffinmu in an ambaci sunan nan sai fuska ta canja. Amma ku duba shekarun. Hamman Yaji na jiya-jiya ne. Sarautar Hidi, wato sarkin Sukur, ta girme shi da ɗaruruwan shekaru, gidan da ke mulki ana kai asalinsa ƙarni na 17. Shi ya tarar da su a sama, ba shi ya kora su can ba.

Ni na hau dutsen nan tun ina yaro, tare da kawuna. Hanyar kanta shimfiɗaɗɗen dutse ce, falale bayan falale, an jera su da hannu tun daga gindi har sama, inda ya yi tsayi an yi matakala. Fiye da awa guda kana hawa, cinyarka na rawa, tsohuwa ɗauke da kaya a ka ta zo ta wuce ka tana gaishe ka. In ka isa sama sai ka tarar da fili mai faɗi da iska mai sanyi, tsayinsa ya haura mita 1,000. Katangar fadar Hidi da dutse zalla aka gina ta, ba siminti, ba laka, an ɗora ɗaya kan ɗaya sun zauna daram. Alhaji, mai gudun ceton rai ɓoye hanyarsa yake yi. Wanda ya shimfiɗa wa baƙi hanya har ƙofar gidansa, kasuwa yake jira.

Baba Maƙeri: Yaro ya faɗi gaskiya, kuma ni abin da na sani zan ƙara. Ƙarfe ne. Mutanen nan manarka tama ne. Bayan ruwan sama ya sauka, baƙin yashi mai nauyi yakan taru a ƙoramu, shi ake tacewa, a haɗa da gawayi a zuba a murhu, a yi ta zuga har ƙarfe ya tattaru. Sandunan ƙarfensu har Barno ake kai su, a ƙera fartanya da gatari. Abin da ya kashe sana'ar ba takobi ba ne, tsohon ƙarfen mota ne da ya cika kasuwa wajen shekarun 1950 zuwa 1960. Haka ya faru da mu a nan. Yau ba maƙerin da zai je neman tama alhali ga sifirin mota a Ƙofar Ruwa.

Kuma Alhaji, kai da kake Bakano, ina Kano ta fara? Ba a Dala ba? Maƙera ne suka zauna a gindin dutsen nan saboda tama, tun kafin Bagauda. Barbushe a kan Dala yake. Mu ma jikokin mutanen dutse ne.

Alhaji na Kwari: Baba, ranka ya daɗe, ai mun sauko! Shi ya sa muka zama birni. Da mun tsaya kan Dala da yanzu ba Kwari ba Singa.

Malamin Labarin Ƙasa: Mun sauko domin kewayen Dala fili ne mai albarka, ga Jakara, ga ƙasa mai karɓar taki, ba wanda ya zo da mota ya kwashe mu. Ka bar ni in yi bayanin gonakinsu, don a nan hujjata take. Gangaren dutsen an yanka shi hawa-hawa, kowane hawa an tokare shi da 'yar katangar dutse. Ruwan sama in ya sauko da gudu sai katanga ta farko ta rage masa ƙarfi, ya tsaya ya shiga ƙasa, wanda ya tsallake ta biyu ta tare shi. Ƙasar da ya ɗauko ba ta tafiya kwari, a bayan katangar take kwantawa. Suna shuka dawa da gero da wake. Taki kuma daga gida yake fitowa: ana turke bijimi a wani ɗaki na dutse da aka haƙa ya yi ƙasa, ana kai masa ciyawa da ruwa yana ƙiba, kashinsa yana taruwa wuri guda a kwashe a kai gona. Da haka gona ɗaya take ciyar da uba da ɗa da jika ba a bar ta ta huta ba.

Amma katangun nan kowace shekara sai an bi su an gyara kafin damina. In aka kwashe mutane, damina kaɗan za ta rusa su, ƙasar da aka tara shekara ɗaruruwa ta bi ruwa, ba kuma mai iya mayar da ita. Sannan filin da za ka ba su a ƙasa na wa ne? Gindin dutsen akwai Margi da Fulani da sauran jama'a da gonakinsu da burtalinsu. Ka ɗauko dubban mutane ka zuba a kansu, ka sayi rikicin fili da kuɗinka. Wannan tsari na gona da fada da hanya shi ya sa UNESCO, hukumar raya ilimi da al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, ta sa Sukur cikin wuraren tarihi na duniya a 1999, wuri na farko a Najeriya, kafin dajin Osun na Osogbo a 2005.

Anti Nas: Sannunku da ƙoƙari. Na karanta duka, kuma ban ga wanda ya ambaci mace ba. Malam, katanga ta yi kyau, UNESCO ta yaba, mun ji. Ni aikina ɗakin haihuwa ne. Mace in jini ya ɓalle mata bayan haihuwa, awa biyu na iya isa ta rasu. Ƙanena ya ce hawa ya fi awa guda ga mai lafiya. To maza huɗu ɗauke da mai naƙuda a kan gadon itace, da dare, dutse ya jiƙe da ruwa, awa nawa za su yi? In sun sauka ma sai an nemi abin hawa. Na karɓi matan da aka kawo daga ƙauyukan da ke kan shimfiɗaɗɗiyar ƙasa a nan jihar Kano, an iso da su jiki ya riga ya yi sanyi, balle daga kan tsauni. Allurar rigakafi ma sanyi take so, sai an ɗauke ta a akwatin ƙanƙara an hau da ita. Ban ce a kwashe su ba. Amma kada mu zauna a Kano, kemis a ƙofar gidanmu, muna sha'awar wahalar wasu.

Alhaji na Kwari: Allah ya yi miki albarka Hajiya. Abin da nake faɗa ke nan tun ɗazu.

Ɗan Madagali: Anti, wallahi maganarki ta taɓa ni, domin abin da kika kwatanta yana faruwa, ba sau ɗaya ba. Sai dai ba abu ɗaya kuke faɗa da Alhaji ba. Ke kina neman a ceci mace, shi yana neman a tashi gari. Ƙaramin asibiti mai ɗaki uku, da ungozoma biyu 'yan garin, da firij mai aiki da hasken rana, duk ana iya hawa da kayansu a ka. Mutanen da suka jera falalen dutse tun daga gindi har sama ba buhun siminti ne zai gagare su ba. Wanne ya fi araha, wannan ko gina wa dubban mutane gidaje da saya musu gonaki?

Kuma waɗanda suke son sauka ai suna sauka da kansu. Sukur Ƙasa haka ta cika. Samari suna Mubi, suna Yola, muna nan Kano. Da yawa damina na yi sai su koma su yi noma.

Alhaji na Kwari: To batun tsaro fa? An ce dutse mafaka ne. Ya hana Boko Haram?

Ɗalibin BUK: Bai hana ba. A 2014 sun hau Sukur sun ƙone gidaje, har da ɓangaren fadar Hidi. Duwatsun Gwoza ma, a jerin Mandara ɗin nan, sun zame musu maɓoya. Amma a shekarar nan garuruwan bakin titi ne suka faɗi ɗaya bayan ɗaya: Gwoza da Madagali a watan Agusta, Michika a Satumba, Mubi a Oktoba. Titin da Alhaji yake so a kai su bakinsa, shi motocin maharan suka bi.

Ɗan Madagali: A shekarar na zo Kano. Mutanenmu da dama ta cikin duwatsun nan suka bi suka tsira, wasu har Kamaru. Wanda ya san kogo da inda ruwa ke ɓoye a rani shi ya fitar da iyalinsa.

Alhaji na Kwari: Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu, ya kiyaye gaba. Na ji batun gona, na kuma yarda ba gida ashirin ba ne. Amma ina nan kan bakata a abu ɗaya. Malam ya ce katanga sai an gyara duk shekara. Ɗana ya ce samari sun watse birane. To nan da shekara talatin wa zai ɗaga dutsen? Tsofaffi? Ko gwamnati ba ta sauko da su ba, zamani zai sauko da su, gara a shirya musu wuri tun yanzu.

Malamin Labarin Ƙasa: Wannan tambaya ce mai nauyi Alhaji, kuma ba Sukur kaɗai ta shafa ba. Je ka ƙauyukan Sumaila ko Tudun Wada da rani ka ga su wa suka rage a gida. Bambancin shi ne gonar fili tana jiran mai ita ya dawo daga cin rani, ta dutse ba ta jira da yawa. Abin da zai riƙe saurayi a sama shi ne makarantar da 'ya'yansa za su shiga, da asibitin da Anti ke magana, da hanyar fitar da wake da bijimi zuwa kasuwa. Duk waɗannan sai an san yawan mutanen kafin a tsara su. Ni da za a ji tawa, ƙidaya mai zuwa a fitar da ita ƙauye-ƙauye, kowa ya ga adadinsa a rubuce.

Anti Nas: Kafin ƙidaya ta zo mata na haihuwa. Ƙanena, ka bincika mana ta wajen kawunka: akwai 'yan mata a Sukur Sama da suka gama sakandare da sakamako mai kyau a kimiyya? In akwai ko biyu ne, a turo min takardunsu. Zan nemo musu fom na makarantar ungozoma, in kuma sun samu shiga a nan Kano su zauna a gidana. Alhaji, kuɗin makaranta kuma a kanka zan fara.

Alhaji na Kwari: Na ɗauki na mutum ɗaya, Hajiya. Sharaɗina a rubuta cewa in ta gama can za ta koma ta yi aiki.

Ɗan Madagali: Zan kira kawu da yamma, sai ya sauko kasuwa ake samunsa a waya. Amma sai an fara sanar da Hidi da iyayen yaran kafin a ambaci sunan kowa.