Aleister Crowley: jaridu ne suka ɓata masa suna, ko halinsa ne?

Nura: Jama'a, ni ina nan kan bakana cewa an zalunci Crowley, Baturen Ingilan nan da ya yi suna wajen tsafi. Laƙabin "wanda ya fi kowa mugunta a duniya" jaridar John Bull ce ta manna wa Crowley don ta samu kasuwa. Mutumin nan ya yi karatu a Cambridge, mawaƙi ne, gwanin hawan duwatsu ne. A ƙuri'ar BBC ta 2002 kan manyan 'yan Birtaniya 100, shi ne na 73.

Malam Habibu: Tunda ka kawo hawan dutse, Nura, me ya faru a dutsen Kangchenjunga na yankin Himalaya a 1905? Ƙanƙara ta rufta da abokan tafiyarsa, mutum huɗu suka mutu, shi kuwa yana tantinsa ya ƙi fita agaji. Wace jarida ce ta riƙe masa ƙafa?

Zainab: Ga kuma gidan tsafin da ya buɗe a Cefalù ta Sisili a 1920. Can almajirinsa Raoul Loveday ya mutu a 1923, a shekarar gwamnatin Mussolini ta kore shi daga Italiya.

Nura: Gurɓataccen ruwa Loveday ya sha, 'yar'uwa. Ba wanda ya yanka shi.

Zainab: Na yarda. Amma wa ya tara mutane a wannan ƙazanta? Abin da ke ci mini rai ke nan. A 1904 ya ce wani ruhi mai suna Aiwass ya yi masa shiftar littafi a Alƙahira, wai dukan doka ita ce ka yi abin da ka so. Mabiyansa na cewa manufar rayuwa ake nufi, ba sha'awa ba. To, a dubi yadda shi kansa ya fassara ta: ya cinye gadon kamfanin giyar gidansu, kotu ta ayyana shi a matsayin wanda ya karye a 1935, tsohuwar matarsa Rose sai da aka kwantar da ita a asibitin masu taɓin hankali saboda giya, shi kuma ya mutu a garin Hastings na Ingila a 1947 cikin ƙangin hodar heroin.

Nura: Amma ƙungiyar mawaƙan Birtaniya ta Beatles sun sa hotonsa a bangon faifansu a 1967, shahararren makaɗin jita Jimmy Page ma ya sayi gidansa na Boleskine a Scotland.

Malam Habibu: Allah ya shirye ka. Tawayensa ga iyaye da coci suka saya. A cikinsu wa ya zauna da shi ko na wata guda?

Nura: Malam, a tasiri dai ba ku kayar da ni ba.

Zainab: Ba tasiri ka fara da shi ba, Nura. Cewa ka yi an zalunce shi.