Musayar Waƙa Kan Marigayiya Daso

Ɗan Fagge: Assalamu alaikum 'yan'uwa. Jiya da dare na tarar da Hajiyarmu tana kallon wani tsohon fim a waya, sai ga fuskar Saratu Giɗaɗo, jarumar finafinan Hausa da aka fi sani da Daso, kewarta ta taso mini. Na buɗe da ƙwar huɗu, babban amsa-amo "ya". Duk mai amsawa ya riƙe shi.

Da sunan Ilahi nake farawa,
Mai ba da rai, Shi ke karɓewa,
Saratu Giɗaɗo nake tunawa,
Daso da ta bar mu a duniya.

Fim ɗin Linzami da Wuta ne farkonta,
A shekarar 2000 aka san ta,
Kamfanin Sarauniya ya fito da ita,
Daga nan ta miƙe kan hanya.

Nagari, Mashi, har da Sansani,
Gidauniya ma kowa ya gani,
Hararta kaɗai kan firgita ni,
In ruga in ɓuya a bayan Yaya.

Uwar Biyu: Wa alaikumus salam. Ƙanena, ka sosa mini inda yake yi mini ƙaiƙayi.

Ɗan Fagge ƙanena, ka taɓo ni,
Da can Daso haushi take ba ni,
Gidanmu akwai irinta, ka ji ni,
Matar uba mai baƙar zuciya.

In an saka kaset a ɗakin Inna,
Mu jeru a tabarma da ƙannena,
Daso ta fito, sai in ji raina
Ya ɓaci, in kau da kai, in juya.

Sai da na girma na gane dalili,
Ta ari fuska ne, ta ari hali,
Ta kwaso sirrin gida ta kai fili,
Don masu yi su gani su ji kunya.

Malam Na Gwale:

Uwar Biyu 'yata, kin yi daidai,
Fitowa a mugu aiki ne sosai,
Kowa yana son a yaba masa dai,
Ita ko ta ɗau zagi, ba gajiya.

Shekara 24 tana sana'a,
Uwa, uwar miji, ta zubar da fara'a,
Ta ɗaure fuska a gaban jama'a,
A tashi aiki, ta koma dariya.

Fadar Kano ma ta san darajarta,
Sarki Sanusi ne ya jawo ta,
Na biyu nake nufi, ya naɗa ta,
Ta zamo a fada Jakadiya.

Aikin jakadiya riƙon amana,
Kai saƙon Sarki dare da rana,
Da mugunta ce halinta, 'ya'yana,
Da ba a miƙa mata ba ko ɗaya.

'Yar Auta: Ku yi mini afuwa, ban ƙware ba, amma ba zan iya yin shiru ba.

Baba Malam, ni ban riski kaset ba,
Hararar da kuke faɗa ban gani ba,
Dason da na sani ba ta yi fushi ba,
A TikTok muke haɗuwa da Hajiya.

Ta juya harshe ta yi Turanci,
Ta dawo Hausa cikin mutunci,
Ta yi raha da mu, babu ƙunci,
Mama muke ce mata gaba ɗaya.

Ɗan Fagge: Madalla Auta, kin riƙe amsa-amo.

Ran 9 ga Afrilu, Talata,
2024, muka rasa ta,
Ta yi sahur ta koma makwancinta,
Ashe kwanciyar ce ta tafiya.

Azumin ƙarshe ne a bakinta,
Kano na shirin Sallah aka kai ta,
56 ne adadin shekarunta,
Mai rai, ka ji, ba ka da dabara ko ɗaya.

Uwar Biyu:

Ranar ina ƙunshi a ɗakina,
Lallen Sallah duk a hannuna,
Na kasa share hawayen idona,
Sai 'yata ta share, tana tambaya.

Na sha zaginki ina yarinya,
Ban san aikinki kike ba, Hajiya,
Ki yafe mini, Daso Jakadiya,
Allah ya ba ki Aljanna maɗaukakiya.

Malam Na Gwale: Amin ya Rabbi, da iyayenmu baki ɗaya.