Haɗa fim kan 'yan aƙidar Nazi a Jamus: me doka ta yarda, ina aiki ke lalacewa?

Ɗan Kyamara:
Salamu alaikum. Mai son haɗa fim na gaskiya kan 'yan aƙidar Nazi da masu ƙyamar Yahudawa a Jamus, me doka ta yarda ya ɗauka? Ta yaya kuma zai rufa asirin waɗanda suka yarda suka yi masa magana?

Malam Lauya:
Wa alaikumus salam. Hoto da sauti ba hukuncinsu ɗaya ba. Zanga-zangar kan titi kana iya ɗaukarta ka nuna, ba sai ka bi mutane ɗaya-ɗaya neman izini ba. Amma naɗar maganar da ba a bainar jama'a aka yi ba, ba da sanin mai ita ba, laifi ne a sashe na 201 na dokar laifuka, ɗaurinsa yana iya kai shekara 3. Shi ya sa gidajen talabijin na can suke kashe muryar abin da aka ɗauko a ɓoye, wani ya karanta abin da ɗan jaridar ya tuna ya rubuta. Tutar Nazi da gaisuwar Hitler sashe na 86a ya haramta su, amma an keɓe koyarwa da ba da rahoto, don haka ana iya nuna su cikin fim. A kotu kuwa ba a ɗaukar zaman shari'a. Ko shari'ar NSU, ƙungiyar 'yan aƙidar Nazi da ta kashe mutum 10, wadda aka yi a Munich daga 2013 zuwa 2018, 'yan jarida da alƙalami suka bi ta.

Hajiya Mai Tacewa:
Ɗana, dusasar da fuska kaɗai ba ta ɓoye kowa. Wanda ya fita daga cikin 'yan aƙidar Nazi, tsofaffin abokansa za su gane shi ta zanen da ke hannunsa, ko zobe, ko tafiyarsa, ko ginin da ake hange ta taga. A ɗauke shi a ɗakin haya, da tufafin da ba nasa ba. Murya kuma kada a dogara da sauya amonta a kwamfuta, ana iya mayar da shi, karin harshen ma yana nan; a sa wani ya maimaita kalmomin. A goge bayanan wuri da lokaci da ke cikin fayil ɗin. Kai ma ka lura: dokar Jamus tana buƙatar adireshi a shafin intanet, sai ka sa na ofis, ba na gida ba.

Baban Yara:
A filin zanga-zanga ku je ku uku: mai kyamara, mai sauti, da wanda aikinsa kawai duba baya. A riƙa sauya katin ajiya akai-akai, wanda ya cika ya bar jikin mai kyamara.

Babban kuskure dai a wurin tacewa yake. In ka bar jagoran 'yan aƙidar Nazi ya yi minti biyu yana zuba ba katsewa, su da kansu za su yanko wurin su watsa, ka yi musu talla kyauta. Kowace ƙarya a bi ta da hujja nan take. Maharin da ya kai hari wurin ibadar Yahudawa a Halle ranar 9 ga Oktoba 2019 ya watsa ta'asarsa kai tsaye a Twitch, wani shafin watsa bidiyo a intanet, don a yaɗa. Kada ka sa ko daƙiƙa ɗaya daga ciki. Ƙofar wurin ibadar da ta gagare shi fasawa tana nan, waɗanda suka tsira ma suna nan, su za ka nema. Lambobi irin 88 da 18 a jikin riga, ka fassara wa mai kallo: matsayin haruffa ne a jerin A, B, C: 88 shi ne HH (Heil Hitler, gaisuwar Hitler), 18 kuma AH (Adolf Hitler).